Kundin aiki: kwashe tsofaffin sabobi zuwa na'urorin kama-da-wane

Litinin, 13 ga Janairu, 2025

An gama ƙidaya. Injina takwas ne za a rabu da su, kuma babu ko ɗaya da babbar manhajarsa ke samun gyaran tsaro a yau. Sabar domen, mai riƙe da asusun ma'aikata da kwamfutoci, da sabar fayil suna kan Windows Server 2008 R2, wadda tallafinta ya ƙare ranar 14 ga Janairu, 2020. Sabar lissafi tana kan Windows Server 2003 mai bit 32 tare da SQL Server 2005; tallafin na farko ya ƙare a Yuli 2015, na biyu a Afrilu 2016. Akwai CentOS 5 ɗaya, CentOS 6 ɗaya, Windows Server 2012 R2 ɗaya, sai kwamfutar XP da ke haɗe da na'urar awo ta kafar siriyal. Ta takwas ɗin 2008 R2 ce da ba a rubuta aikinta a ko'ina ba.

Masu masauki, wato injinan da za su ɗauki na'urorin kama-da-wane, biyu ne sababbi, kowanne da firosesa mai ƙwaya 16, RAM 256 GB da faifan SSD shida, a kan Proxmox VE 8, manhajar da ke tafiyar da na'urorin kama-da-wane. An jera faifan bibbiyu a madubin ZFS, tsarin ajiyar fayiloli, kowane faifai kwafin ɗan'uwansa, kuma an mayar da kwantirolan faifai yanayin HBA, mai miƙa kowane faifai kai tsaye, domin ZFS na bukatar ganin kowane faifai da kansa. Idan RAID na inji ya shiga tsakani, ba za ta iya gyara ɓarnar da ta gano ba. Gungu mai inji biyu ba ya iya yanke hukunci idan ɗaya ya ɓace, tunda ƙuri'a ɗaya cikin biyu ba rinjaye ba ce, don haka an ɗora QDevice a kan injin ajiyar kwafi ya zama ƙuri'a ta uku.

Hukuncin da aka yanke yau shi ne wanda zai tafiyar da sauran aikin: ba kowace sabar ce za a ɗauki hoton faifanta a mayar na'urar kama-da-wane ba, wato VM. Ɗaukar hoto yana kuɓutar da mu daga mutuwar ƙarfe ne kawai, tsohuwar manhaja tana nan da ramukanta. Duk wadda za a iya gina sabuwa a kwashe bayananta, ginawa za a yi. Sabar domen da ta fayil suna wannan sahu. Sauran, da babu faifan girka manhajojinsu ko kamfanin da ya rubuta su ya daina kula da su, su ne na ɗaukar hoto.

Laraba, 15 ga Janairu

An ƙirƙiri gadar netwok ta biyu a kan masu masaukin, vmbr9, wadda ba a haɗa ta da kowace waya ba. Duk wani kwafin gwaji a nan zai fara tashi. Rikicin adireshin IP shi ne ƙaramin dalili. Babban shi ne kwamfutar da ke cikin domen tana sauya kalmar sirrin asusunta da kanta duk kwana 30. Idan kwafin gwaji ya ga sabar domen ya sauya tasa, injin na gaske zai wayi gari domen ba ta yarda da shi ba, alhali shi ne ma'aikata ke amfani da shi.

An kuma kunna tcpdump, mai naɗar zirga-zirgar netwok, a kan kafar suwic da ke kwafar zirga-zirgar sabar ta takwas. Za a bar shi har ya ƙetare ƙarshen wata, saboda ayyuka da yawa na ofis sau ɗaya suke motsi a wata.

Asabar, 18 ga Janairu

Sabar lissafi, gwajin farko. Kafin ɗaukar hoto an shigar da MergeIDE a rajistar injin yana raye. Abin da yake yi shi ne ƙara sunayen kwantirolan IDE a CriticalDeviceDatabase, ya kuma tabbatar atapi.sys, intelide.sys, pciide.sys da pciidex.sys suna cikin foldar direbobi. Windows 2003 ba ta loda direban faifai a lokacin tashi sai wanda ta sani tun girki, a nan kuwa direban RAID na injin ne kaɗai. In ba a yi wannan ba, VM zai tsaya a shuɗin allo mai lamba 0x0000007B, ma'ana ta kasa kaiwa ga faifan da take tashi daga kansa.

An duba `vssadmin list writers`, duka lafiya, sannan aka tsayar da sabis-sabis na SQL aka ɗauki C: da D: da Disk2vhd zuwa wata folda a netwok. A mai masauki: `qm importdisk 103 lissafi.vhdx local-zfs`, faifan ya bayyana a matsayin unused0, aka maƙala shi a ide0 aka sa shi farko a jerin tashi. Nau'in inji i440fx, SeaBIOS, katin netwok rtl8139 tunda Windows 2003 ta zo da direbansa. RAM 4 GB, domin Standard mai bit 32 ba ta ganin fiye da haka. Ƙari asara ne.

Ya tashi, amma a hankali ƙwarai, kuma ya daɗe a kan allon shiga. Manhajojin sa ido na kamfanin da ya ƙera injin ne suke neman fanka, ma'aunin zafi da kwantirolan RAID da babu su, kowanne sai lokacin jiransa ya ƙare kafin na gaba ya soma. An shiga ta Safe Mode aka kashe su, sannan aka cire su bayan tashi na gaba, tare da manhajar da ke haɗa katunan netwok biyu su zama ɗaya. Wannan ta ƙarshe gara a warware ta tun a kan injin ƙarfe kafin hoton ƙarshe, don cire ta bayan katunan sun ɓace yana barin tarkace a rajista.

An bar VM ɗin da ƙwaya biyu. HAL ɗin da ke ciki, wato ɓangaren Windows da ke hulɗa da ƙarfen inji, halmacpi.dll ne, na inji mai firosesa da yawa, kuma ya dace da haka. Ba a taɓa shi ba.

Litinin, 20 ga Janairu

Da aka zo sa wa sabon katin adireshin IP na da, Windows ta ce wani kati yana riƙe da shi. Tsohon katin ne, ya ɓuya a rajista. A tagar umarni: `set devmgr_show_nonpresent_devices=1`, sannan `devmgmt.msc` daga wannan tagar dai, a zaɓi nuna na'urorin ɓoye, a cire duk masu dusashen launi a ƙarƙashin katunan netwok da kwantirolan faifai. Idan aka buɗe Device Manager daga wani wuri dabam, umarnin farko bai shafe shi ba, kuma ba za a ga komai ba.

Sauya faifai daga IDE zuwa VirtIO, salon na'urori da aka ƙera musamman don VM, yana da tsari. Ba a sauya faifan tashi kai tsaye. Ana ƙara ƙaramin faifai na 1 GB a kan VirtIO, a tayar da Windows ta gan shi, a girka direban viostor, a kashe VM, sannan a cire babban faifan daga ide0 a maƙala shi a virtio0, a gyara jerin tashi. Ƙaramin faifan dabara ce kawai ta tilasta wa Windows ta yi wa direban rajista. Sababbin fitowar virtio-win sun daina ɗauke da direbobin 2003 da XP, don haka an sauko da tsohuwar fitowa daga ma'ajiyar aikin, an ajiye kwafinta kusa da hotunan faifan. Duk wanda zai farfaɗo da wannan VM nan gaba zai neme ta.

Alhamis, 23 ga Janairu

Lasisi. Manhajar lissafin ba ta buɗewa sai ta ga makullin USB. Miƙa shi ga VM abu ne mai sauƙi: `lsusb` ya ba da lambar kamfani da ta kaya, `qm set 103 --usb0 host=` da lambobin ya gama. Sai dai VM da ke riƙe da na'urar USB ta mai masauki ba ya ƙaura yana raye, kuma idan mai masaukin ya mutu, VM zai tashi a ɗaya injin ba makulli. Mun zaɓi akwatin da ke raba USB ta netwok: makullin yana zaune a cikinsa, ƙaramar manhaja a cikin VM tana jawo shi. Kafin saye a tabbatar manhajar akwatin tana gudana a kan 2003 mai bit 32, domin da yawa sun daina.

Windows ɗin kanta matsala ce dabam. Lasisin OEM da ya zo manne da inji yana mutuwa tare da injin, ba ya bin hoto zuwa VM, ko da kunnawar ta yi nasara. Lasisin masu masauki ne zai rufe VM ɗin da ke kansu, ta hanyar haƙƙin amfani da tsohuwar fitowa. Windows Server Standard tana ba da VM biyu idan an biya wa dukkan ƙwayoyin injin, mafi ƙaranci 16. Muna da VM biyar na Windows Server a tsari: sabobin domen biyu, ta fayil, ta lissafi da ta 2012 R2. Tunda kowanne na iya komawa kowane mai masauki, kowane inji sai an lissafa shi kamar zai ɗauki biyar ɗin, wato Standard sau uku a kowanne. An miƙa wannan lissafi tare da na Datacenter, wadda ba ta da iyakar VM, ga masu sayayya.

Asabar, 25 ga Janairu

CentOS 5. An tayar da injin da Clonezilla aka kwafi faifan yana kashe, kai tsaye zuwa VM ta netwok. Layin 1 Gbps yana ba da kusan 110 MB a daƙiƙa, kimanin 400 GB a awa, kuma Clonezilla ɓangaren da ke da bayanai kawai take ɗauka.

Tashin farko ya ƙare a saƙon cewa ba a sami VolGroup00 ba, sai kanel ya firgita ya tsaya. Cuta ɗaya ce da 0x7B ta Windows: initrd ɗin, ƙunshin direbobin da kanel ke lodawa a lokacin tashi, direban cciss na RAID ɗin tsohon injin kaɗai ke cikinsa. An tayar da faifan girki da `linux rescue`, `chroot /mnt/sysimage`, aka gyara /etc/modprobe.conf: layin scsi_hostadapter ya koma virtio_blk, eth0 ya koma virtio_net. Sannan `mkinitrd -f --with=virtio_pci --with=virtio_blk` da sunan fayil da lambar kanel. A nan ake yawan faɗawa rami. Cikin yanayin ceto `uname -r` lambar kanel ɗin faifan ceto yake bayarwa, ba ta wanda aka girka ba. A duba /lib/modules a rubuta lambar da hannu.

Sunan faifai ya tashi daga /dev/cciss/c0d0 zuwa /dev/vda. An gyara /boot/grub/device.map, an bi /etc/fstab layi-layi. Yawancin layukan da LABEL ko sunan LVM suke, ba su damu ba, amma wani ɓangare da aka ƙara daga baya an rubuta shi da cikakken sunan cciss, kuma shi kaɗai ya isa ya jefa tashi cikin tagar gyara. CentOS 5 ba ta san virtio-scsi ba, sai virtio-blk, kuma tsofaffin kanel tsohon salon VirtIO kaɗai suka sani, shi ya sa aka tsaya a i440fx.

Agogo yana gudu. Kanel 2.6.18 yana ƙirga lokaci da bugu 1000 a daƙiƙa, kuma a cikin VM bugun ba ya zuwa daidai. An ƙara `divider=10` a layin kanel na grub.conf, ya rage su zuwa 100. An sa `tinker panic 0` a layin farko na ntp.conf, domin ntpd yakan fita da kansa idan bambancin ya wuce daƙiƙa 1000, abin da kan faru idan aka dakatar da VM na dogon lokaci aka dawo da shi.

Shiga ta SSH daga sababbin kwamfutoci ya ƙi. OpenSSH ta kashe sa hannun ssh-rsa tun fitowa ta 8.8, wannan injin kuwa yana kan 4.3. An buɗe `HostKeyAlgorithms +ssh-rsa` da tsohon tsarin musayar makulli ga wannan sabar kaɗai, a kan inji ɗaya da ake bi ta kansa, ba a kwamfutar kowa ba.

Talata, 28 ga Janairu

CentOS 6 bai ba da wahala ba. `dracut -f` da direbobin VirtIO kafin kwafi, shi ke nan. Bayan tashi katin ya fito a eth1, saboda /etc/udev/rules.d/70-persistent-net.rules ya riƙe eth0 wa tsohon adireshin MAC. An goge fayil ɗin, an cire layin HWADDR daga ifcfg-eth0, an sake tayarwa.

2012 R2 ɗin UEFI ce da faifan GPT, don haka OVMF da ƙaramin faifan EFI, babban faifan a kan SATA a tashin farko. Jerin tashi yana zaune a ƙwaƙwalwar allon tsohon injin, bai bi hoto ba, sai da aka nuna wa OVMF fayil ɗin bootmgfw.efi da hannu sau ɗaya. Manhajar da ke kanta ta ɗaure lasisinta ga adireshin MAC. An ba VM adireshin tsohon katin. Wannan yana nufin tsohon injin ba zai sake hawa netwok ɗaya da VM ɗin ba har abada. An manna takarda a jikinsa.

Litinin, 3 ga Fabrairu

Sabar ta takwas ta yi magana ranar 31 ga Janairu da dare. Wani aiki da aka tsara wa lokaci yana jawo rahoto daga rumbun bayanan lissafi ya tura ta FTP. Ban da shi, tsofaffin injinan sikanin takardu biyu suna ajiye abin da suka ɗauka a wata folda a kanta ta SMB1, tsohuwar hanyar raba fayiloli ta Windows. Babu wani abu kuma. Ba za a mayar da ita VM ba. Aikin zai koma kan 2012 R2, foldar sikanin kuma za a yi mata wani tsari. A cikin rubutun aikin, adireshin IP na sabar lissafi aka rubuta, ba sunanta ba. Haka ma saitin ODBC a kwamfutocin ma'aikatan lissafi. Saboda haka sabar lissafi za ta riƙe adireshinta na da, katangar tsaro ce za ta zagaye ta.

Asabar, 8 ga Fabrairu

Domen. Ba a ɗaukar hoton sabar domen tana raye a tayar da shi daga baya. Kowane sauyi a Active Directory yana da lamba mai hawa, USN, kuma abokan kwafi suna tuna inda suka tsaya. Idan sabar ta dawo da tsohuwar lamba, sai ta sake raba lambobin da aka riga aka gani, abokan su yi watsi da sababbin sauye-sauyen ba tare da ƙorafi ba. Kariyar VM-GenerationID sai daga 2012 ta fara. Ko da yake sabar domen ɗaya ce a nan, da zarar an ƙara ta biyu hatsarin ya tabbata, don haka gini sabo ya fi.

Abin da ya tare hanya shi ne SYSVOL, foldar da sabobin domen ke rabawa a tsakaninsu. An gaji domen ɗin daga zamanin 2003, yana kwafi da tsohon tsarin FRS, kuma Windows Server 2019 zuwa sama ba sa yarda su zama sabar domen a kan FRS. An ɗaga matakin aikin domen da na forest, rukunin da domen ke ciki, zuwa 2008 R2, sannan `dfsrmig /setglobalstate 1`, 2, 3, ana duba `dfsrmig /getmigrationstate` tsakanin kowane mataki har ya ce an daidaita. Mataki na 3 ba shi da komawa baya. An ɗauki kwafin System State kafin shi.

Daga nan aka girka VM biyu na Server 2022, ɗaya a kowane mai masauki, aka ɗaga su suka zama sabobin domen, aka miƙa musu muƙaman FSMO biyar, ayyukan da sabar ɗaya kaɗai ke riƙe da kowannensu, aka kwashe DHCP da `netsh dhcp server export` da `import`. An saita mai riƙe da muƙamin PDC ya karɓi lokaci daga NTP na waje. Kerberos, tsarin tantance shiga na domen, ba ya yafe bambancin da ya wuce minti biyar. `repadmin /replsummary` da `dcdiag` sun fito tsaf. Tsohuwar sabar za ta zauna mako guda a kunne kafin a sauke ta, domin a gano na'urorin da aka rubuta musu adireshinta a matsayin DNS da hannu.

Laraba, 12 ga Fabrairu

Windows 2003 ba ta jituwa da sababbin sabobin domen. SMB1 kaɗai ta iya, saboda haka ba ta karanta SYSVOL, kuma ba ta san AES a Kerberos ba. Ana iya sassauta sabobin domen su sauko matakinta, amma hakan raunana kowa ne saboda inji ɗaya. An fitar da ita daga domen. Sabis-sabis na SQL sun koma asusun cikin gida, ma'aikata suna shiga da asusun SQL. An sa ta a VLAN, wato keɓaɓɓen sashen netwok, nata ita da CentOS 5 da XP: ba fita intanet, kafa 1433 a buɗe ga kwamfutocin lissafi da sabar 2012 R2 kawai, sai hanyar akwatin USB.

Asabar, 15 ga Fabrairu

Sabar fayil, 1.4 TB. A lissafin layi awa uku da rabi ne, amma ƙananan fayiloli masu yawa suna ninka wannan, don haka an fara kwafin farko tun tsakiyar mako ana aiki, daga sabuwar sabar: `robocopy` da /MIR /COPYALL /DCOPY:T /B /MT:16 /R:1 /W:1 da fayil ɗin rahoto. Kada a manta /R da /W. Ba tare da su ba robocopy zai sake gwada fayil ɗin da ke kulle sau miliyan ɗaya, yana jiran daƙiƙa 30 kowane karo. A kuma kula da /MIR, yana goge duk abin da ke wurin sauka wanda babu a tushe. Juya tushe da masauki a wannan umarni yana share bayanai.

Yau an rufe shiga, an yi zagayen ƙarshe, bambancin kaɗan ne. An fitar da makullin LanmanServer\Shares daga rajistar tsohuwar aka shigar a sabuwar, da harafin faifai iri ɗaya, aka sake kunna sabis ɗin, foldodin tarayya suka dawo da izininsu. An sauya wa tsohuwar suna, sabuwar ta karɓi sunan.

Foldodi uku sun nuna lambobin SID tsirara a jerin izini. An ba da izinin ne ga rukunonin cikin gida na tsohuwar sabar, waɗanda sabuwar ba ta san su ba. An ƙirƙiri rukunoni a domen, an musanya da `icacls /substitute` bayan adana izinin da /save. Injinan sikanin kuma ba a kunna musu SMB1 a sabuwar sabar ba. Ɗaya ya karɓi sabunta manhajarsa ya koyi SMB2, ɗayan an mayar da shi turawa ta imel.

Asabar, 22 ga Fabrairu

Sauyin sabar lissafi na gaske. An warware haɗin katunan netwok, an cire manhajojin sa ido, an ɗauki kwafin .bak na kowane rumbu, an kashe injin, an kwafa da Clonezilla yana kashe. Matakan 18 da 20 ga Janairu aka maimaita daga rubutu.

An yi amfani da damar aka gyara daidaiton faifai. Windows 2003 tana fara ɓangaren faifai a sekta ta 63, wato bayit 32,256 daga farko, lambar da ba ta rabuwa da 4,096. Sakamakon haka wasu rubuce-rubucen NTFS suna hawa kan iyakar tubala biyu na ZFS, sai a karanta biyu a sake rubuta biyu saboda ɗaya. Daga 2008 aka koma farawa a 1 MB. Ga C: ba mu ga ribar matsar da shi ba, aikinsa kaɗan ne kuma matsarwa na iya hana tashi. Ga bayanai kuwa an ƙara sabon faifai, `create partition primary align=1024` a diskpart, aka tsara shi da tubali 64 KB, aka mayar da fayilolin rumbun can da harafin D: ɗin dai. `DBCC CHECKDB` bai sami kuskure ba. Ma'aikacin lissafi ya fitar da rahoton Janairu daga VM, jimillarsa ta yi daidai da wadda aka buga daga tsohon injin.

Adireshin MAC ya sauya alhali IP bai sauya ba, don haka an share ma'ajiyar ARP a katangar tsaro maimakon jiran ta manta da kanta.

Alhamis, 27 ga Fabrairu

XP. Faifai ɗaya ne na IDE, kuma SMART ya nuna sektocin da ke jiran sauyi a lamba ta 197. Faifai irin wannan ba a sa masa chkdsk ko Disk2vhd, kowane karatu na iya zama na ƙarshe. An cire shi aka haɗa da wani inji, `ddrescue -d -n` da fayil ɗin taswira ya kwashe masu sauƙi tukuna, sannan `-r3` ya koma kan masu taurin kai. Sektoci kaɗan sun ƙi. An cire 63 daga lambobinsu don a sami matsayinsu a cikin ɓangaren, aka ba `ntfscluster`, ya nuna suna cikin pagefile.sys da wani tsohon fayil na wucin gadi. A kan kwafin hoton aka yi chkdsk, asalin hoton yana ajiye ba a taɓa ba.

VM ya tashi. Sauran magana tana ga kafar siriyal. Wayar RS-232 ba a so ta wuce kimanin mita 15, na'urar awon kuma tana nesa da ɗakin sabobi. An sa mai juya siriyal zuwa netwok kusa da na'urar, direbansa ya ƙirƙiri COM1 na kama-da-wane a cikin XP, saiti 9600, 8N1. Gajerun karatu suna zuwa daidai, dogaye suna yankewa a tsakiya. Mai juyawar yana tara bayit kafin ya tura su a ƙunshi ɗaya, manhajar awon kuma tana ɗaukar ɗan shirun da ke tsakani a matsayin ƙarshen saƙo. An rage lokacin tarawa, an kunna RTS/CTS, yankewar ta ragu amma ba ta ƙare ba. An mayar da tsohuwar kwamfutar bakin aiki da sabon faifai da aka zuba wa hoton.

Litinin, 10 ga Maris

Sai an gwada akan san na ƙwarai: an farfaɗo da kowane VM daga Proxmox Backup Server zuwa vmbr9, an tayar, an shiga, an buɗe manhajarsa. Sabobin domen ba a tayar da su tare da sauran ba, kowace ita kaɗai, aka goge bayan dubawa. A kan 2003 babu wakilin QEMU da ke daskarar da faifai lokacin ɗaukar kwafi, saboda haka kwafinta kamar na injin da aka zare wa wuta ne. SQL yakan farfaɗo daga irin wannan, amma ba a kansa muka dogara ba: an tsara SQL ya rubuta .bak awa ɗaya kafin kwafin dare, ya shiga cikin kwafin.

Kwafin ZFS tsakanin masu masauki yana gudana duk minti 15. Idan ɗaya ya mutu farat ɗaya, aikin da bai wuce wannan tazara ba na iya ɓacewa. An rage ta zuwa minti 5 ga sabar lissafi da ta fayil. An kuma lura faifan 2003 ba ya mayar wa ZFS wurin da aka goge, domin ba ta san TRIM ba. `Sdelete -z` lokaci-lokaci yana cika wurin da sifili, matsewar ZFS ta haɗiye shi.

Juma'a, 28 ga Maris

Injina bakwai sun cika kwana 30 a kashe, wayoyin netwok a zare, ba a nemi ko ɗaya ba. Rahoton ƙarshen Fabrairu ya tafi daga 2012 R2. An fara share faifai da nwipe bisa ƙa'idar NIST SP 800-88, ɗaya bayan ɗaya ta HBA, ba ta cikin RAID ba, saboda faifan jiran ko-ta-kwana da wanda RAID ya riga ya fitar ba sa cikin abin da kwantirola ke nunawa. Waɗanda suka ƙi sharuwa an ware su don farfasawa, an rubuta lambar kowanne.

Abin da ya rage a buɗe: XP tana kan ƙarfe har a gwada mai juya siriyal na biyu, wanda ke iya tura ƙunshi a kan alamar ƙarshen layi maimakon lokaci, an yi odarsa. Manhajar da ke kan CentOS 5 an fara gwada ta a kan sabon Linux, inda tsofaffin kiran mysql_ da PHP 7 ta cire suke hana ta tashi. Rumbun SQL 2005 kuma za a gwada kai shi SQL Server 2022. An ware VM 110 a kan vmbr9 don wannan gwaji, za a fara ranar 7 ga Afrilu.